Teburin Audu Mai Littafi

Ba zan taɓa mantawa ba da ranar da na zauna a gaban surukata na shafe fiye da rabin awa ina ciniki da mutumin da ba ya ci, ba ya sha, ba ya ma numfashi, kuma aka tashi shi ne da gaskiya. Ko yanzu na tuna sai in ji kunnuwana sun yi zafi. Amma tunda dangin matata sun riga sun baza labarin daga Danchuwa har Dogo Tebo, kowa da irin gishirin da yake ƙarawa, gara ku ji shi daga bakin mai shi.

Ni ɗan kasuwa ne. Kakana ne ya taso daga Kano da dilar atamfa ya sauka a Potiskum, a nan aka haifi babana, a nan aka haife ni, amma har gobe Ɗan Kano ake ce min, ni kuwa ban taɓa hana kowa ba. Ina da shagon atamfa da leshi, kuma idan akwai abin da nake ji da shi a duniyar nan, to iya ciniki ne. Na sha cika baki a majalisa cewa ba a haifi mai sayarwar da zai ce min albarka sau uku ba. (Ku riƙe wannan maganar, za ta dawo ta same ni.)

Matata Adama malamar firamare ce, 'yar Danchuwa. Mahaifiyarta, wadda duk muke kira Inna, manomiya ce, kuma tun kafin a haife ni take kasa wake da gyaɗa a kasuwa. Mace ce mai ƙarancin magana, idonta ne yake yawan aiki. Shekara biyu da aurenmu, in ban da amsa gaisuwa, Inna ba ta taɓa yi min magana kai tsaye ba. Ko da ina durƙushe a gabanta, sai ta juya ta ce, “Adama, ki ce wa mijinki ya gaida mutan gida.” Na san kunya ce ta surukuta, ba ƙiyayya ba. Amma mijin yayar Adama, wani direban babbar mota, shi “ɗana” take ce masa, ido da ido, har ta aike shi. Abin yana cina a rai, ba zan ɓoye muku ba. Ni ma ina so wata rana in ji ta ce min ɗana.

To, Adama tana da wata faffaɗar waya, tabulet, kuma a ciki akwai wani gem da ta ɗauki son duniya ta ɗora masa. Ga wanda bai san shi ba: duniya ce sukutum da aka yi da tubali-tubali, komai mai kusurwa huɗu, har shanu da rana. Ba wanda zai ce maka yi kaza. Kai za ka sari itace, ka haƙa ƙasa, ka yi noma, ka gina abin da ka ga dama. A ciki akwai ƙauyuka, a ƙauyukan akwai mutane waɗanda ba ɗan Adam ne yake juya su ba, na'urar ce. Dukkansu dogon hanci gare su, hannuwa a harɗe a ƙirji, ba abin da suke cewa sai “hmm”. Da su ake ciniki, kuɗin garin kuma wani koren dutse ne.

Cikin mutanen nan akwai wanda Adama ta raɗa wa suna Audu Mai Littafi. Wai yana sayar da wani littafi da ke sa gatarinka da fartanyarka su daina lalacewa, kuma samun irinsa sai an sha wuya. Makonni ta yi tana nemansa. Da ta same shi a wani ƙauye mai nisa, a kwalekwale ta sako shi ta yi ta turowa har garinta, ta gina masa shago na dutse mai taga ɗaya, ta garƙame ƙofar don kada ya fita wani abu ya same shi. Ta tagar nan take sayayya. Wallahi akwai ranakun da sai ta fara duba lafiyar Audu kafin ta tambaye ni yaya kasuwa.

Ni kuwa a fili raina abin nake yi. Wasan yara nake ce masa. Na sha ce mata malama guda, mai koyar da 'ya'yan mutane, ta zauna tana kiwon shanun kwali. Abin da ba ta sani ba shi ne, ita bakwai da rabi take fita makaranta, ni kuma sai tara nake buɗe shago, tabulet ɗin kuwa a kan durowa take barinsa. Ranar farko cewa na yi bari in ga abin da ke ɗauke mata hankali. Kafin wata guda na gina gida mai hawa biyu a bayan wani tsauni inda ba ta zuwa, na yi masa falo, na kewaye garke na tara shanu. Don kada in ɓata, na jera fitilu a ƙasa tun daga bayan garinta har ƙofar gidana.

Abu ɗaya ya rage wa falon, abin ado a tsakiya. Wata safiya ina zagayawa na fasa bangon bayan shagon Audu don in ga abin da ke ciki, sai ga wani ɗan tebur mai kyau a lungu, irin mai karkatar nan da ake ɗora littafi. Audu yana tsaye yana kallona ya ce “hmm”, na ɗauka izini ne. Na cire teburin na sa a jaka, na toshe ramin da ƙasa saboda dutsena ya ƙare, na je na kafa shi a tsakiyar falona, na sa masa tukunyar fure a kowane gefe. Ya yi kyau ƙwarai, wannan kam ko Adama ba ta musa ba daga baya.

Ana nan sai bikin Haruna, ƙanin Adama, ya matso. Ran wata Asabar Inna ta shigo gari sayayyar lefe tare da autarta Safiya, wadda ke karatun jinya, kuma take da baki kamar reza. (Ƙanwar mata abokiyar wasa ce, na sani, amma Safiya ta mai da abin sana'a.) Na zaɓar musu atamfofi a shagona, sannan na raka su wajen mai akwatuna. A nan na nuna gado. Na yi gaisuwa mai tsawo, na tambayi iyali, na taya, ya ce albarka, na ƙara kaɗan, ya sake cewa albarka. Sai na ce wa su Inna mu tafi, na juya ina taku a hankali ina ƙirgawa a zuci. Ban kai bakwai ba ya kira mu. Na dawo na kama hannunsa na buga, na dafa kafaɗarsa, ya sallama.

A cikin napep muna komawa gida Dogo Nini, ina gaba kusa da direba, na ji Inna ta ce, “Adama, mijinki ya iya baki. Ki ce masa ranar kasuwa shi zai je kara ya sayo mana san biki.” Jama'a, sayen san biki a gidansu aikin Kawu Buba ne, ƙanin Inna, tun fil azal. Kaina ya kumbura har na ji rufin napep ɗin ya yi min ƙasa. Na ce a raina, daga sa sai ɗana, saura taku ɗaya.

Bayan Azahar aka ci abinci, ni a waje su a falo. Ina wanke hannu na jiyo Adama tana yi wa Safiya ƙorafi cewa yau kwana uku ke nan Audu ya ƙi sayar mata da littafi. Duk lokacin da ta leƙa taga sai ta ga an ja jan layi a kan kayan, ta danna ya ce “hmm” ya kau da kai, ga hidimar biki ba ta bar ta ta zauna ta bincika ba. Mutum mai hankali da ya goge hannunsa ya koma shago. Ni kuwa na yi sallama na leƙa na ce wai mene ne ya ƙi sayuwa a gidan Ɗan Kano.

Safiya ta ce ai wannan ba akwati ba ne. Adama ta ce in bar shi kawai, tunda ban taɓa ko riƙe abin ba. Na ce ƙwarai ban taɓa ba, Allah ya sawwaƙe min wasan yara, amma ciniki ciniki ne, ko da aljani ne. Na faɗi haka da ƙarfi yadda Inna za ta ji. Sannan, don ƙaddara ta riga ta gama shirinta, na ce allon ya yi ƙanƙanta, bari in jona shi da talabijin kowa ya gani. Ni da hannuna na ɗauko wayar na jona. Inna tana zaune a kan tabarma, don ba ta yarda da kujerun kushin ba, ni kuma na raɓe a ƙasa daga bakin ƙofa kamar yadda ya kamata.

Na fara da dabarun zamani. Na kashe gem ɗin na kunna. Jan layi yana nan. Na kashe tabulet ɗin gaba ɗaya, na goge allon da gefen rigata, na hura ramin caji, na kunna. Yana nan. Na ce matsalar sabis ce, kwana biyun nan sabis ba kyau a unguwar. Adama ta ce gem ɗin ba ya amfani da sabis. Na ce to shi ya sa. (Har yau ban san abin da nake nufi ba.) Safiya kuma ta lura da yadda yatsuna suke yawo a kan allo ba tuntuɓe, ta ce ikon Allah, wanda bai taɓa riƙewa ba ya san inda ake tsalle. Na ce mata baiwa ce.

Da na ga na zamani sun ƙi, sai na gyara zama na koma na gado. Na bayyana musu cewa kuskuren Adama shi ne ciniki ta taga. Wane mai mutunci ne zai sayar maka da kaya kana leƙensa kamar mai karɓar magani? Dole a shiga a zauna. Adama ta ce kada in kuskura in buɗe ƙofar nan. Daidai lokacin ta tuna ta bar zoɓo a wuta, ta miƙe tana jaddada min da yatsa, ta fita. Labulen bai gama komawa ba na buɗe ƙofar na shiga.

Ga Audu a talabijin, hancinsa ya cika rabin allo. Akwai wani maɓalli da ke sa mutum ya rusuna, na danna shi sau uku, na ce wannan gaisuwa ce, ba a fara ciniki da garaje. Har da baki na yi: ina wuni, ya kasuwa, ya iyali. Ya ce “hmm”. Na juya na ce wa Safiya kin ji, ya amsa. Na buɗe kayansa, jan layi yana nan daram.

Na ce to albarka yake nufi, kuɗin ne bai yi masa ba, sai an ɗan sa masa na goro. Na buɗe jakar Adama na zubar masa da korayen duwatsu a gaban ƙafarsa, waɗanda ta yi wata da watanni tana tarawa da noman kabewa. Audu ya taka su ya wuce ya je ya tsaya a lungu yana kallon bango. Da ina da ido a lokacin, da na lura wane lungu ne. Inna dai ta lura, don na ga ta ɗan karkata kai tana duban allon kamar yadda take duban wake mai ƙwari.

Gumi ya fara tsattsafo min. Na ce saura babbar dabara, wadda ba ta taɓa ba ni kunya ba, kun dai gani da idonku ɗazu. Na juya mutumina na fita daga shagon ina taku a hankali, na ba Audu baya, na fara ƙirgawa, wannan karon a fili. Ɗaya, biyu, uku. Na kai bakwai ba a kira ni ba. Na kai goma sha biyar. A ashirin Safiya ta tambaye ni cikin ladabi ko in ba ta ta ci gaba da ƙirgar in huta. Na waiwaya, sai na ga Audu ya biyo ni har bakin ƙofar da na bari a buɗe, yana shaƙar iskar da ya yi watanni bai shaƙa ba.

Ni kuwa murna ta kama ni. Na ce kun gani ko, ya biyo baya, ya sauko. Abin da ya rage shi ne a buga hannu a dafa kafaɗa a rufe magana. Na matsa kusa da shi na sa yatsa na dangwali kafaɗarsa.

A gem ɗin nan, idan ka dangwali mutum da yatsa ba dafawa ka yi ba, duka ne. Kuma abin da ke hannun mutumina a lokacin gatarin Adama ne. Audu ya yi ja wur, ya saki wata 'yar ƙara, wani baƙin hayaƙi ya tashi a kansa. Cikin ruɗewa na sake dangwalarsa don in ba shi haƙuri. Ya sake yin ja, ya zuba a guje ya nufi gonar kabewa.

Ashe garin yana da mai gadi. Wani ƙato ne na ƙarfe, hannuwansa har gwiwa, wanda kullum nake wuce shi da safe yana tsaye kamar ba ruwansa da kowa. Sai ga shi ya cika allo. Hannu ɗaya ya sa ya cilla ni sama, na ga rufin shagon Audu daga bisa, na ga gonar, na ga har tsaunina. Ina dirowa ya ƙara min. Allon ya yi ja, aka rubuta da manyan baƙaƙe cewa na mutu, kayan Adama kaf suka watse a ƙasa. Safiya ta kife a kan kafet tana dariyar da ba sauti. Inna ta ce, “Inna lillahi,” a hankali, sannan ta tambayi Safiya ko wancan ɗan sandan garin ne.

A haka Adama ta shigo da jug ɗin zoɓo. Ta ajiye jug, ta zare tabulet ɗin daga hannuna kamar ana karɓe wuƙa a hannun jariri. Ta ruga ta tsince kayanta kafin su ɓace, ta bi Audu cikin kabewa, ta ajiye masa kwalekwale ya faɗa ciki, ta turo shi har shago ta rufe. Da ta buɗe kayansa sai ga sabon abu: ban da jan layin, komai ya ƙara tsada. Wai idan ka dake su labari yake bazuwa a garin, kowa ya tsauwala maka. Na yi ƙarfin hali na ce ai ko a kasuwarmu haka ne.

Sai Inna ta yi gyaran murya.

“Adama, shi mutumin nan a kan me yake kasa kayansa?”

Adama ta ce yana da tebur, a wurinsa yake zuwa ya ɗebo sabon kaya idan na hannunsa sun ƙare.

“To ni ban ga tebur ba. Tun da mijinki ya shiga nake dubawa. Ɗaki wayam, mutum yana ta zuwa lungu yana dawowa. Wanda aka ɗauke wa faifai, ko kin gaishe shi sau ɗari me zai auna miki?”

Sai a lokacin, wallahi sai a lokacin, lissafin ya haɗu a kaina: kwana uku. Adama ta shiga shagon ta juya ta dubi lungun. Ba tebur. A bangon dutsen nan mai kyau kuma ga tubalin ƙasa guda biyu sun yi tsuru kamar haƙorin gwal. Ta fasa su ta fita ta baya, sai ga fitilu a jere, ɗaya bayan ɗaya, sun miƙe sun nufi tsauni.

Na ce la'asar ta kusa, bari in je in yi alwala. Safiya ta ce da saura awa guda, ta kuma gyara zama ta tare ƙofa da ƙafarta. Haka na zauna ina kallon matata tana bin fitiluna a talabijin ɗin da na jona da hannuna. Na yi addu'ar a ɗauke wuta. A unguwarmu da ba a rasa ɗaukewa, ranar ko ƙiftawa ba ta yi ba.

Ta zagaya tsaunin, sai ga gida mai hawa biyu. A bakin ƙofa akwai allon da na kafa, kuma Safiya, Allah ya saka mata, ta karanta wa Inna shi da murya irin ta masu sanarwa a rediyo: “Gidan Alhaji Ɗan Kano. A cire takalmi.” (Ban je Makka ba. Ko Abuja sau ɗaya na taɓa zuwa.) Adama ta tura ƙofa. Ga teburin Audu a tsakiyar falo, fure a dama, fure a hagu. Ta tagar falon kuma ana hango garkena, shanu masu kusurwa huɗu sun fi ashirin suna kallonmu.

Safiya ta ce, “Inna, an huta da zuwa kara. Ga san biki nan har da na suna.”

Suka juya harshe zuwa yarensu na can Danchuwa, wanda ba na ji sai gaisuwa. Kalma ɗaya na riƙa tsinta tana dawowa, Kano. Inna ta ja bakin mayafinta ta rufe baki, amma kafaɗunta sun tona mata asiri. Shekara biyu ban taɓa ganin dariyarta ba sai ranar, kuma ni ne abin dariyar.

Na so in yi borin kunya in ce wataƙila na'urar ce ta gina, amma allon ƙofa ya riga ya kashe wannan hanyar. Sai na sunkuyar da kai na faɗi gaskiya: wata guda ke nan ina yi, ni na fasa bango, ni na ɗauke tebur, na ɗauka kayan ado ne. Adama ta miƙo min tabulet ɗin ta ce in mayar da hannuna. Na cire teburin, na bi fitiluna na dawo, na kafa shi a lungunsa, na toshe bangon da dutse na gaske. Audu ya tako ya tsaya a gabansa ya ɗan sunkuya. Jim kaɗan Adama ta duba, jan layin ya tafi. Abin da na yi rabin awa ina yi wa gaisuwa da goro da juya baya, tsohuwar da ba ta taɓa riƙe tabulet ba ta gano shi daga kan tabarma.

Da za su tafi na raka su bakin titi na tsayar musu da napep. Inna ta shiga ta zauna, ta ce, “Adama, ki ce wa mijinki maganar san biki, a bar wa Kawunku. Mutanen kara ba su da haƙurin Audu.” Na ce to, Allah ya kiyaye hanya. Raina ya sosu sosai, don na san ba sa kaɗai na rasa ba.

Ranar walima a Danchuwa na je da wuri da babbar rigata, ina sa ran ko a wajen tarbar baƙi za a sa ni. Sai Safiya ta zo da saƙo tana washe baki: Inna ta ce tunda an ga ina da hannu a ɗaukar tebur, ni zan kula da su. Tebura ne aka aro daga gidaje daban-daban na unguwar, da benci-benci. Na cire babbar riga na rataye a reshen darbejiya, na yini ina jigila, Kawu Buba kuwa yana can ana yaba masa ƙibar san da ya sayo.

Bayan la'asar mutane sun watse, na kinkimo wani tebur a ka ina haɗa gumi, sai muka yi kiciɓis da Inna a bakin zaure. Na waiga ko Adama tana kusa don ta karɓi saƙo. Ba kowa, daga ni sai ita. Ta dube ni, ta dubi teburin, ta ce:

“Sannu, ɗana. Kowanne ka mayar da shi inda ka ɗauko shi.”

Ta wuce abinta. Na tsaya da tebur a ka ban san dariya zan yi ko ƙwalla ba. Shekara biyu ina neman kalmar nan da iya baki da atamfa mai tsada, ashe sai na sha duka a hannun ƙaton ƙarfe na yi dakon tebur za ta fito.

Yanzu Adama ta buɗe min duniyata daban a tabulet ɗin, da sharaɗin ko hanyar garinta kada in kalla. Audu ya huce, farashinsa ya sauko, amma ita ta ce har yau idan na zauna kusa da ita yakan koma lungu. Ni dai abin da na ɗauka shi ne, duk lokacin da wani abu ya ƙi aiki a gida ko a shago, kafin in zargi sabis, kafin in fara koya wa mutane yadda ake yi a Kano, nakan tsaya in tambayi kaina a hankali: malam, me ka ɗauke kwana uku da suka wuce?